Uwar Maƙerar Baba a Gaban Majalisar Masu Asiri

Jiya da dare na yi wani mafarki, jama'a, ni da kowa ya sani ba na mafarki. Ku tambayi maiɗakina, Maman Sadiya. Ni da zarar haƙarƙarina ya taɓa katifa, kamar an jefa buhun gero a rijiya ne, tsulum, sai kuma asuba. An taɓa sace janareton maƙwabcinmu yana tsaka da aiki, unguwa ta tashi kaf har da karnuka, ni ko juyi ban yi ba. Mafarki ai na masu damuwa ne. Ni kuwa ba na kewa, ba na waiwaye. Abin da ya wuce, raka shi tasha nake yi in dawo gida in ci tuwona.

To ga abin da ya faru kafin in kwanta. Da yamma Yaya Haruna ya kira ni daga gida. Mu 'ya'yan maƙera ne, kaka da kakanni, amma tun da Allah ya yi wa Baba rasuwa wutar gidanmu ta mutu. Yaya kafaɗarsa ta gaji, 'ya'yansa duk sun kama wasu hanyoyin, ni kuma ga ni a birni ina sayar da kayan babur. Ya ce rumfar Baba ta faɗi da daminar nan, abin da ya rage sai uwar maƙera, wato dunƙulen baƙin ƙarfen nan da ake ɗora jan ƙarfe a kai a daka. Tana nan yashe a fili, awaki na hawa suna sauka. Ya ce 'yan gwangwan sun dame shi da sintiri, ranar kasuwa mai zuwa za su dawo da kurarsu ta turawa, shi kuma ba zai ɗaga ta ba sai da yawuna, tun da mu biyu muka gada.

Na yi dariya har da buga cinya. Na ce, "Haba Yaya, ƙarfe ne fa, ba kabari ba. A ba su."

Ya ce, "Ka dai kwana da maganar, Auta."

Na kuwa kwana da ita. Da na san irin kwanan da za mu yi, da na bar ta a ƙofar ɗaki tare da takalmana.

Na gan ni a kan hanyar shiga garinmu, rana tsaka, ba takalmi a ƙafata, amma ina sanye da babbar rigata ta Juma'a. Hanyar ta dā ce, ta jar ƙasa, kafin a zuba kwalta. Ga gero an girbe an jingine, ga ƙanshin harawa. Tsamiyar bakin gari tana nan inda na san ta, sai dai ta yi tsawon da gajimare ke saƙalewa a rassanta kamar tsumma. Kuma na sani, irin sanin nan na mafarki da ba wanda ya faɗa maka, cewa garinmu ya zama ƙasa guda, mai iyaka da tuta da gwamnati, kuma masu asiri ne ke mulkinta.

A'uzubillahi. Kada wani ya tashi ya ce Auta ya koma bin bokaye. Abin da na gani nake faɗa.

A bakin ƙofa na tarar da Tanko ɗan tauri. Allah ya jiƙan Tanko, ya daɗe a ƙasa. Muna yara shi ne ke karya wuƙa a cikinsa ranar wasa, ya lanƙwasa takobi a wuya kamar karan dawa, amma ranar da masu allurar rigakafi suka zo gari, a cikin rumbu aka same shi. To shi ne babban hafsan sojan ƙasar. Ƙirjinsa cike da lanƙwasassun wuƙaƙe an jera su kamar lambobin yabo, in ya motsa suna kacau-kacau. Na gaishe shi. Ya dubi tumbina, ya dubi fuskata, ya sake duban tumbin, sannan ya matsa gefe.

Sai kawai na gan ni a tsakiyar kasuwa, ina tafe ina fahimtar yadda tsarin yake kamar a nan aka yanke mini cibiya. Can ba a zaɓe. Babu akwati, babu layi, babu dangwala yatsa. In kaka ta yi, sai a taru a fagen da muke kallon dambe, duk mai jin ya isa ya fito ya nuna abin da ya gada. Wanda aka rasa mai karya masa asiri, shi ke riƙe ƙasa har wata kakar. Ba a kukan maguɗi, domin wanda ya fi kowa iya rufe wa jama'a ido shi doka ta ce ya ci. Sauran muƙamai kuma kowane gida da nasa, gwargwadon sana'arsa.

Ruwa yana hannun gidan Sarkin Ruwa. Da ido na ga rafinmu ya baro gadonsa ya shigo gari, yana bin lungu-lungu kamar ɗan garuwa, ya tsaya a ƙofar kowane gida mata su cika tulu, sannan ya wuce da kifayensa a ciki suna kallon mutane. Kasuwa tana hannun Dudu mai ƙosai, wadda tun muna yara da tsurar hannu take tsamo ƙosai daga tafasasshen mai. Tana zaune a gaban kaskonta na dā, amma kaskon ya kai faɗin masussuka, kuma duk wanda ya tauye mudu, mudun ne da kansa ke kwarma ihu ya kira sunansa da na ubansa. Shari'a kuwa ta wanzamai ce. Ba a rantsuwa, ba a kiran shaida. Duk wanda ya yi ƙarya, nan take gashin kansa ke tsirowa, kuma aska ba za ta ci shi ba sai ya faɗi gaskiya. Na duba, garin kowa kansa ƙwal. Na ce a raina, alhamdulillahi, ni da sanƙona ya kai ƙeya, ai nan ƙasar 'yan uwana ce, ban taɓa ƙara gishiri a magana ba tun da aka haife ni. Ina rufe wannan tunanin na ji wani abu yana tsikarin hulata daga ciki.

Amma abin da ya tsayar da ni shi ne mata. Mata ne jere a hanya, kowace da ɗan kasko ko fasasshen tulu a hannu, wasu na tafiya da shi babu komai, wasu na dawowa da garwashi ja a ciki, sun kāre shi da tafin hannu kada iska ta taɓa. Yaran yanzu ba su san ɗiban wuta ba. A dā ashana sai gidan wane da wane. Da sassafe maƙwabta ke shigowa rumfar Baba, "Salamu alaikum, a san mana wuta," shi kuma ko ɗaga kai ba ya yi, ya sa yatsu biyu ya ɗauko garwashi ya jefa a kaskon, ya ci gaba da aikinsa. To a wannan ƙasa, wuta duk ta gidanmu ce. Murhun kowa, fitilar kowa, har ranar da ke sama, in ta fara dusashewa da la'asar, daga rumfar Baba ake ɗiban mata garwashi a ƙara. Ba a taɓa ɗauke wuta ba. Ubana ne ministan.

Na bi bayan matan nan ina jin ƙirjina yana faɗi har rigar ta fara matse ni.

Sai kawai na ji wani amo a bayana, ana kaɗa ƙarfe da ƙarfe. Na waiwaya. Wasu mutane ne ke turo kura, irin ta 'yan gwangwan, da ma'auni a rataye yana lilo. Fuskokinsu sumul suke kamar bayan ƙwarya, ba ido ba hanci, amma sun san hanya. Inda na bi suke bi. In na tsaya su tsaya. Nan ma ba wanda ya gaya mini, amma na san dokar: duk gidan da ya rasa magajin da zai nuna asirin gidan a gaban majalisa, ana fitar da kayan sana'arsa daga ƙasar, ba kuma za su dawo ba. Yau zaman na gidanmu ne. Uwar maƙerar Baba suka zo ɗauka.

Sai kawai ga ni a cikin majalisar. Rumfar Baba ce, ita ce dai, da rufin karanta da ya yi baƙi ƙirin da hayaƙi, da tsofaffin fartanyu da lauje rataye a jikin ginshiƙi suna jiran masu su. Daga waje ko jaki biyu ba za ta ɗauka ba, amma a ciki ƙasar duk ta zauna har da sauran wuri. Ministoci sun jeru a kan buzu. A tsakiya akwai kujerar shugaban ƙasa, babu kowa a kai sai hula tana reto a iska da takalma biyu a ƙasa. Shi ya ci fagen bara, da layar zana. Ya ɓace a gaban jama'a, aka yi neman duniya ba a gan shi ba, shi ke nan aka ba shi mulki, kuma tun daga ranar ba wanda ya sake sa shi a ido. Na ce a raina, wannan kam ko a farke muna da irinsa.

Can a gefe, inda ya saba zama, ga Baba.

Jama'a, a nan raha ta ɗan ƙare mini. Yana zaune a kan guntun turmin nan nasa, da warkin fata a cinya, ya ɗan karkata kafaɗar hagu yadda yake yi. Awartaki a hannu ɗaya, masaba a ɗaya. Zufa na bin tsagar fuskarsa tana ɗiga a gemu. Yana dukan ƙarfe a kan uwar maƙera, tin, tin, tatan, wannan sautin da shi ke tashe mu kafin zakara, shi ke gaya wa manoman gari cewa damina ta kusa. Na manta ina da wannan sautin a cikin kaina. Ashe yana nan kwance, ƙarar babura ce ta danne shi.

Na durƙusa. Na ce, "Baba, sannu da aiki."

Bai ɗago ba. Tin, tin, tatan.

Na ce, "Baba, ni ne. Auta."

Ya juya ƙarfen, ya mayar da shi cikin wuta.

Sai murya ta fito daga ƙarƙashin hular nan mai reto, wata 'yar siririyar murya da na san na taɓa ji amma na kasa tuna mai ita. Ta ce, "Ina magajin gidan nan?"

Na waiga ina neman Yaya Haruna. Ai shi ne babba, shi ya kamata. Na duba dama, na duba hagu, na duba har cikin tukunyar ruwan da Baba ke tsoma ƙarfe. Babu Yaya. Idon ƙasa guda ya dawo kaina. 'Yan gwangwan sun tsaya a bakin rumfa, sun daina kaɗa ƙarfensu.

To kun san ni. In aka rasa mai magana, bakina ba ya jiran izinina. Na miƙe, na gyara riga, na ɗaga hannu sama na fara kirari. Na ce ni ne Auta na Baba, garwashi abin wasan yara! Na ce da jan ƙarfe aka yi mini wanka ranar da aka haife ni. Na ce ni wuta in ta gan ni tashi take ta ba ni wuri, na taɓa kashe gobarar kasuwa da harara, kuma a birni in gas ya ƙare wa mata, yatsana nake sa musu a ƙarƙashin tukunya. Ina faɗa hulata na tashi. Kafin in kai ƙarshe gashi ya sauko mini har kafaɗa, ya rufe mini ido ɗaya. Babban alƙali, wato Sarkin Aska, wanda shi ya yi mana kaciya, ya dube ni ya girgiza kai, ya mayar da askarsa cikin zabira.

Muryar ta ce, "Mun ji. Ga fartanya can a wuta. Ka ɗauko ta da hannunka, ka zaga majalisa da ita, ka ɗora a kan uwar maƙera. In ka yi, ta zauna a gidanku."

Na leƙa. Fartanyar ta wuce ja, ta koma fari-fari, tana wani numfashi kamar mai rai. Na ja da baya taku ɗaya. Amma wani abu a zuciyata ya ce, kai, ai an ba ka. Duk ɗan da aka haifa a gidan nan an ba shi maganin wuta tun yana goye, a cikin kunu, ko ya sani ko bai sani ba. Yana jininka. Miƙa hannu kawai.

Na fara naɗe hannun riga.

Sai Dudu mai ƙosai ta ce ba a gwada baƙo da yunwa, a kawo masa abin taɓawa tukuna. Sai kawai jama'a suka dāre, ga Inna tafe.

Innarmu, Allah ya jiƙan ta. Da zanenta na saƙi mai ratsin shuɗi, da ƙoƙo a hannu an rufe da faifai. Abin da ya ɗaure mini kai, yarinya ce shar. Na girme ta nesa ba kusa ba. Ko furfura ɗaya babu. Haka take lokacin da nake bin ta rijiya ina riƙe da gefen zanenta. Ta ajiye ƙoƙon a gabana, ta buɗe. Kunun tsamiya ne, irin nata, mai kauri da 'yan gudaji, ƙanshin citta da kanumfari ya bugi hancina har sai da idona ya kawo ruwa. Ta dubi wannan tumbi nawa da ya riga ni shiga majalisa, ta ce, "Sha, Auta. Duk ka rame."

Na ce, "Inna, ina kika shiga haka?"

Ta miƙo mini ludayi kawai.

Na ɗebo. Tururi na tashi. Na kawo shi bakina, kuma kamar yadda nake yi kowace safiya a teburin mai shayi, ba tare da wani tunani ba, na tattara leɓe na hura masa iska. Fuuu.

Inna ta dafe ƙirji.

Abin da na manta ke nan, jama'a. A gidanmu ba a hura abinci. Doka ce tun ta kakanni. Ɗan maƙera ko kunu na tafasa a ludayi, haka zai kurɓa ko ya jira ya huce don kansa, amma ba zai hura ba. Sukan ce wanda ya hura kunu ya gaya wa wuta yana tsoronta, ita kuwa daga ranar ta raina shi, maganin da aka ba shi ya karye. Muna yara in ka kuskura ka yi, bayan ludayi za ka ji a tsakar ka. Ni kuwa zaman birni ya sa na hura shayi, na hura koko, na hura farfesu, har ruwan wanka in ya yi zafi sai na hura masa.

Wannan 'yar iska da na busa ba ta tsaya a ludayi ba. Ta wuce ta bi ta kan wutar Baba, wutar ta yi fat ta mutu. Ta fita waje ta bi kaskon matan nan ɗaya bayan ɗaya. Na ji murhun gari suna mutuwa kamar ana rufe ƙofofi. Rana ta yi ja, ta yi toka-toka, ta tsaya a sama kamar tsohon faranti. Ashe duk asiran ƙasar a jikin wutar nan suke ɗaure. Dudu ta fizge hannunta daga mai tana yarfewa. Rafi ya tattara kifayensa ya fice daga gari ko sallama babu. Tanko ɗan tauri, wata 'yar wuƙa a cikin lambobinsa ta ɗan karce shi a yatsa, babban hafsan soja ya zauna dirshan a ƙasa yana kiran uwarsa.

Shugaban ƙasa kuwa ya bayyana tsulum a kan kujera. Wa zan gani? Audu Sanɗa! Wani ɗan tsamurmurin mutum da aka yi a garinmu, wanda in aka kira gayyar noma ba a ganin ko ƙurarsa, amma da an sauke ƙwaryar fura a gindin bishiya sai a gan shi a tsakiya ya riga kowa wanke hannu. Ga shi zaune da hula ta yi masa yawa, yana ƙifta ido, da ludayi a hannunsa. Wato ni Auta, da numfashi ɗaya, na yi juyin mulkin da ko harsashi ba a harba ba.

Na so in yi dariya. Amma sai na ji ƙarar tayar kura.

'Yan gwangwan sun shigo. Ba wanda ya tare su. Suka zagaye uwar maƙera da igiya. A wannan dishi-dishin hasken na gan ta sosai, yadda ban taɓa tsayawa na dube ta ba. Tsakiyarta ya lotsa kamar tafin hannu, wurin da masabar kakanmu ta ci, ta Baba ta ɗora. Gefenta ɗaya ya yi santsi yana sheƙi saboda gogar gwiwarsa. Ga 'yar tsagar nan ta kusurwa inda muke sa ƙwallon goruba mu fasa in ya tafi masallaci. Duk fartanyar da ta ciyar da garinmu a kan bayanta aka haife ta. 'Yan gwangwan suka ja. Ta yi wani gunji daga cikin ƙasa, irin na saniyar da aka raba da ɗanta.

Na buɗe baki in ce ku dakata, ni ne na ce a ba ku, na fasa. Murya ta ƙi fita. Ni da ban taɓa rasa abin faɗa ba. Gashin nan duk ya cika mini baki.

Sai Baba ya ɗago kai.

Tun shigowata sai yanzu ya dube ni. Na zaci zan ga faɗa. Babu. Kallon da yake yi wa ƙarfe ne in ya ciro shi daga wuta, yana auna ko zai yi fartanya ko sai dai ƙusa. Ya sa ƙafa ya turo mini zugazugai, 'yan salkunan fatar akuyan nan guda biyu da ake zuga wuta da su.

Na zauna a ƙasa, na tanƙwashe ƙafa, na kama su, ɗaya a kowane hannu. Fatar ta yi laushi da maiƙon hannuwa. Na danna dama, na ɗaga hagu. Na danna hagu, na ɗaga dama. Fuf, fuf. Fuf, fuf. Sai kawai na ga babbar rigar ta zube a gefe kamar tanti, tumbin babu, gashin babu, hannuwana sun koma 'yan ƙanana masu kaushi. Majalisa ta ɓace, ministoci sun ɓace. Daga ni sai Baba sai toka, sai ƙanshin gawayin itacen ƙirya, sai kukan kurciya a kan tsamiya, da Inna can cikin gida tana daka. Hannuna ya kama kiɗan da kansa, kamar jiya na ajiye. Wallahi ban taɓa jin na zauna daidai a wurina ba irin wannan zaman.

Can ƙasan tokar wani abu ya ƙifta, bai fi ƙwayar gero ba. Ja. Na ƙara ƙarfi. Ya ɓace, ya dawo. Igiyar 'yan gwangwan tana nan, ban ga masu ja ba amma ina ganin ta miƙe tana rawa, uwar maƙera ta ɗan gusa, ƙasa ta tsage a gindinta. Baba ya sa awartaki ya tura fartanyar cikin tokar, ya ɗaga masaba sama, ya tsaya a haka yana jira.

Na ce, "Baba, ta kama?"

Yana kallon tokar.

Na ce, "Baba, ta kama ko in ƙara?"

Sai na farka.

Gari ya waye tangaran, har na makara sallah. Na tsinci kaina zaune a tsakiyar gado, na tanƙwashe ƙafa, matashin kai ɗaya a kowane hannu ina dannawa. Maman Sadiya na tsaye a bakin ƙofa da tsintsiya, ta ce tun ɗazu take kallona, ta rasa ko ta tashe ni ko ta kira maƙwabta. Ta ce me ya jiƙa mini fuska. Na ce zufa ce. Ta dubi fanka da ke ta juyawa, ta fita. Da ta kawo shayi na ɗauka na kurɓa haka nan da zafinsa. Yanzu haka da nake rubuta muku wannan, harshena kamar an goge shi da dutsen guga, gobe ma ban san ko zan ji ɗanɗanon gishiri ba.

To masu sani, ku taimaka mini, don abin ya fi ƙarfin wasa. Mene ne fassarar mutum ya ga mahaifinsa da ya rasu yana aiki, ya gaishe shi bai amsa ba, amma ya turo masa kayan aiki da ƙafa? Fushi ne ko kira? Wutar da na hure, ita ce maganar da na yi wa Yaya da yamma, ko kuwa ta daɗe da mutuwa ni ne ban sani ba? In kuwa cewa ake yi kada a sayar, to in yi yaya da ita? In ɗauko ta in kawo birni in ajiye a shago tsakanin tayoyi da bututun hayaƙi? Ko in bar ta can awaki su ci gaba da hawa, don kawai in san tana nan? Ranar kasuwa tana matsowa, kuma har yanzu ban san ko wutar nan ta kama ba.

Na dai kira Yaya Haruna tun kafin in fita. Na ce kada kowa ya taɓa uwar maƙerar nan tukuna, in 'yan gwangwan sun zo a ba su ruwa su sha su wuce. Ya ce to. Sai na kwashe mafarkin kaf na gaya masa, tun daga Tanko har zuwa zugar. Na ce, "Yaya, ka ga ikon Allah, bayan duk shekarun nan hannuna bai manta zuga ba."

Ina jin akuya na kuka a bayansa.

Sannan ya ce, "Auta, ni na yi wa Baba zuga tun ina ɗan mitsitsi har na yi gemu. Kai da an ce zo ka karɓe ni sai cikinka ya murɗa, Inna ta goye ka ta kai ka ɗaki. Hannun naka da bai manta ba, a wace rana ya koya?"